"Ana Neman Sabbin Fuskoki": Yadda Dillalan Finafinan Batsa Ke Zaɓen Mutanensu

Tallan ba ya taɓa ambaton batsa. Abin da yake cewa shi ne ana neman 'yan mata daga shekara 18 zuwa 25 don tallan atamfa, ko leshi, ko man shafawa, ba sai kina da gogewa ba, kuma biya nan take. Yakan zo ta TikTok ko Instagram, ko ƙawa ta turo shi a zauren WhatsApp na 'yan ajinsu. Ɗalibar da ke zaune a Tudun Wada ko Unguwar Rimi, kuɗin makaranta ya matso, waya ta tsufa, ba za ta ga abin tsoro a ciki ba. Dalili kuwa, wasu tallace-tallacen irin wannan na gaskiya ne. Masu shagunan ɗinki a Kaduna suna ɗaukar 'yan mata hoto da kayansu, masu shirya fim suna neman sabbin 'yan wasa. Maƙaryacin yana sanya rigar mai gaskiyar ne, shi ya sa ba a gane shi daga tallan. Ana gane shi daga yadda tantancewar take tafiya, kuma abin da za mu warware ke nan.

A fara da tantancewa ta gaskiya, domin wanda bai san asali ba jabu zai ruɗe shi. A masana'antar finafinan Hausa, furodusa ne mai kuɗi da ɗawainiya, darakta ne mai zaɓen wanda ya dace da kowane rol. Kafin a kira kowa, akwai labari a rubuce da jerin mutanen cikinsa: uwar gida, kishiya, ɗan sanda, malamin makaranta. Yawancin roli ana raba su ne ta sanayya, ta hannun ubangidan da mutum ya taso a ofishinsa. Idan aka kira tantancewa ta kowa da kowa, ana yin ta da rana, a zaure ko ofis, mutane na layi a waje, alƙalai biyu ko uku na zaune a ciki. Za a ba ki shafi ɗaya ko biyu ki karanta, a ce ki yi fushi, ki yi kuka, ki maimaita da wata murya. Minti biyar zuwa goma an gama. Ba wanda zai ce ki cire mayafi don ya ga "tsarin jiki". Ga kuma ƙungiyoyi irin su MOPPAN, ta masu shirya finafinai, da ake rajista da su, a Kano kuma akwai Hukumar Tace Finafinai da aka kafa a 2001. Sanannen abu ne a masana'antar a nemi yardar iyaye ko waliyyi kafin a karɓi yarinya. Ba muna cewa Kannywood ta tsarkaka daga masu neman lalata da sunan ba da rol ba. Akwai su, kuma 'yan matan cikinta sun sha kokawa. Amma tsarin yana da shaidu, kuma mai ɓarna a cikinsa yana da suna da ofis da za a iya zuwa a same shi.

Sai batun dillali, wanda ake kira ejan. Ƙa'idarsa ɗaya ce a ko'ina: yana cin la'ada ne daga abin da aka biya ɗan wasa bayan aiki ya samu, galibi kashi 10 zuwa 20 cikin ɗari. Kuɗi daga kamfani suke gangarowa zuwa ɗan wasa, dillali ya yanki nasa. Idan suka juya suna hawa daga aljihun mai neman aiki zuwa na dillali, da sunan kuɗin fom ko kuɗin hoto ko kuɗin "buɗe fayil", to sana'ar mutumin ita ce karɓar kuɗin fom ɗin. A jihar Kaliforniya ta Amurka, cibiyar harkar fim, dole dillalin 'yan wasa ya mallaki lasisi daga hukumar ƙwadago ya kuma ajiye jinginar dala 50,000, sannan wata doka ta 2009 ta hana shi karɓar kuɗi tun kafin ya samo wa mutum aiki. A Najeriya ma mai ɗaukar mutane aiki a madadin wasu, musamman zuwa ƙasar waje, sai da lasisin Ma'aikatar Ƙwadago ta Tarayya.

To yaya masu finafinan batsa suke nasu zaɓen a ƙasashen da dokarsu ta ƙyale su? Sanin wannan yana da amfani, saboda dillalin da ke farauta a nan yakan fake da cewa "a Turai sana'a ce mai tsari". A Amurka harkar ta daɗe da yin sansani a kwarin San Fanando da ke Los Anjalis, kuma akwai matakai huɗu da ake bi. Na farko shaidar shekaru. Bayan da aka gano a 1986 cewa wata fitacciyar 'yar wasansu ta yi yawancin finafinanta tana ƙasa da shekara 18 da katin bogi, majalisar ƙasar ta yi doka a 1988, wadda ake kira da lambar sashenta 2257, ta wajabta wa mai shirya fim ya duba katin shaida mai hoto na kowane ɗan wasa ya kuma adana kwafinsa. Na biyu gwajin cututtuka, ciki har da ƙanjamau, wanda manyan kamfanoni ke buƙatar kada ya wuce kwana 14. Na uku takardar da mutum ke rubuta abin da ya yarda a yi da abin da bai yarda ba. Na huɗu, kuma shi ne mai kashe mutum da ransa, takardar sallama haƙƙi. Da sa hannu a kanta, hoton ya zama mallakar kamfani har abada, a kowace ƙasa, ta kowace hanya. Ana biyan mutum sau ɗaya, kamfani kuma ya ci gaba da sayarwa shekara ashirin. Wadda ta yi nadama bayan wata shida ba ta da abin da za ta janye.

Wannan shi ne inda ake taƙama da tsari. Ga abin da ya faru a cikinsa.

A birnin San Diyego an yi wani kamfani mai suna GirlsDoPorn, mallakar Michael Pratt, ɗan ƙasar Niyu Zilan. Tallansu a intanet na neman 'yan matan da za su yi tallan tufafi ne, da kayansu a jiki. Sai yarinya ta amsa ake bayyana mata ainihin aikin, tare da rantsuwar cewa bidiyon ba zai taɓa hawa intanet ba, faifai ne za a sayar wa wasu 'yan tsiraru a Ostireliya da makamantanta, babu wanda ya san ta da zai gani. Idan ta yi jinkiri, a haɗa ta a waya da wata mace da za ta ce ita ma ta yi, kuma ba abin da ya same ta. Biyan matan nan ake yi su faɗi haka. Daga nan a saya mata tikitin jirgi, a sauke ta a ɗakin otal cikin garin da ba ta san kowa ba, maza sun kewaye ta, a tura mata takardu a ce ta yi sauri ta sa hannu lokaci na ƙurewa. Wasu an ba su giya ko wiwi kafin sa hannun. Wadda ta ce ta fasa, a ce za a kai ta kotu, ko a soke tikitin komawarta gida. Bayan 'yan makonni bidiyon ya bazu a manyan shafuka, sunayensu na gaskiya suka fita, aka riƙa tura wa iyayensu da abokan karatunsu. Mata 22 suka kai ƙara, a Janairun 2020 alƙali ya yanke a biya su sama da dala miliyan 12. Pratt ya gudu, hukumar binciken manyan laifuka ta Amurka, FBI, ta sa shi cikin mutum goma da ta fi nema, aka kama shi a Madrid a Disambar 2022, kuma a 2025 aka yanke masa shekara 27 a kurkuku. Ruben Andre Garcia, wanda ke lallashin 'yan matan, ya samu shekara 20 tun 2021.

A lura da abu ɗaya a shari'ar nan. Matan duk sun nuna katin shaida, duk sun sa hannu. Takardun sun cika, amma yardar da ke cikinsu ta yaudara ce. Idan haka ta faru a inda akwai lauyoyi da lasisi da FBI, a yi tunanin yarinyar da aka ɗauka daga Kawo zuwa wani gida a Legas, inda harkar gaba ɗayanta a ɓoye take.

Mutane da yawa suna zaton kyau dillali yake nema. Kyau na biyu ne. Abin da yake tantancewa a hirar farko abu uku ne, kuma tambayoyinsa suna zuwa kamar kulawa. Yana son ya san matsin da take ciki: wa ke biya miki kuɗin makaranta, Baba yana nan kuwa, nawa ake binki na haya? Yana son ya san ko akwai mai sa ido a kanta: a gida kike ko a hostel, za ki iya kwana biyu a waje ba a tambaya ba? Sannan yana gwada ko tana iya ɓoye magana: kada ki gaya wa kowa tukuna, kin san mutanenmu da hassada. Wadda ta ce sai ta shawarci yayanta, ko za ta zo da ƙanwar mahaifiyarta, yawanci ba a sake kiranta. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma tsagar yake lalube. Shi ya sa zawarawa masu ƙananan shekaru, da 'yan matan da rikici ya raba da garuruwansu, da sabbin ɗaliban da suka zo Kaduna daga nesa suka fi shiga idonsa.

Idan ta tsallake wannan, sai a fara hawa tsani, kuma kowane mataki ɗan ƙarami ne a kan na baya. Hoton fuska. Hoto a tsaye. Hoto ba mayafi, "don mai kaya ya ga yadda ɗinki zai zauna". Hoto da kayan barci. Sai kiran bidiyo na "awon jiki", wanda ake naɗa ba ta sani ba. A tsakani akan turo ɗan kuɗi, na data ko na gyaran gashi, a kira shi kafin alƙalami. Kuɗin nan ba kyauta ba ne. Aikinsa ya sa ta ji nauyin cewa a'a, kuma gobe a kira shi bashi. Sau da yawa mai magana da ita mace ce, Anti wance ko Hajiya wance, mai kiran ta "ƙanwata", domin an san yarinya ta fi sakin jiki da 'yar'uwarta mace. Aikin magajiya ne na da, ya koma cikin waya.

Daga nan hanya takan rabu biyu. Wani ba shi da kyamara ko fim ko kaɗan. Da hoton ya shiga hannunsa tantancewa ta ƙare, barazana ta fara: turo kuɗi ko na tura wa mahaifinki, ga lambarsa. Wannan bai tsaya kan mata ba. Samari ma ana yi musu, ta hanyar asusun bogi mai hoton budurwa ko tayin "aikin fim mai tsoka". Girman abin ya kai a Yulin 2024 kamfanin Meta, mai Facebook da Instagram, ya ce ya rufe asusun Instagram kusan 63,000 a Najeriya masu alaƙa da irin wannan tatsar kuɗi. Ɗayan kuma yana son jikin mutum ya iso inda yake. Shi zai aiko kuɗin mota daga tashar Mando, ko tikitin jirgin ƙasa daga Rigasa zuwa Abuja, na zuwa kawai. Wurin haɗuwa yakan canza a ƙurarren lokaci, daga "ofis" zuwa otal ko gidan haya na kwana ɗaya. A ƙofa a karɓi waya da sunan kada a fitar da sirrin aiki. Idan tayin na ƙasar waje ne, fasfo ake karɓa, sannan a lissafa kuɗin biza da jirgi da masauki a matsayin bashin da ba ya ƙarewa. Daga wannan gaɓar sunan abin safarar mutane.

Me ya sa tarkon ya fi kamawa a wajenmu? Saboda makamin dillali kunya ce, kuma mu ne muke wasa masa shi. Ya san yarinyar Kaduna za ta gwammace ta biya, ta sake biya, ta koma ɗakin karo na biyu, da a ce hotonta ya isa zauren WhatsApp na dangi ko hannun wanda ya kawo kuɗin aurenta. Manya suna tuna abin da ya faru a 2007, lokacin da wani bidiyon waya na wata 'yar fim ya bazu daga Kano ta Bluetooth: macen ce ta ɗauki dukan kunyar, har girgizar ta taɓa masana'antar baki ɗaya. A lokacin sai waya ta kusanci waya. Yau Telegram ne, cikin awa ɗaya. Muddin gida ya fi ɗakin otal ban tsoro a wurin yarinya, dillali ba ya buƙatar ƙulle ƙofa. Wannan magana ce ga iyaye, kuma da gaske muke yin ta.

A ɓangaren doka, babu wata "masana'anta mai lasisi" ta wannan harka a Najeriya, don haka duk wanda ya nuna miki takardar izini ƙarya yake. Dokar hukunta laifuka ta Penal Code ta haramta sayarwa da yaɗa kayan batsa. Dokar laifukan intanet ta 2015, a sashe na 23, ta sa hukunci mai tsanani kan duk hoton batsa na wanda bai kai 18 ba, har da ajiye shi a waya, abin da masu turawa "don a gani a yi hattara" ya kamata su sani. Dokar hana safarar mutane ta 2015, wadda NAPTIP, hukumar yaƙi da safarar mutane, ke aiwatarwa, ta haɗa da yaudarar mutum zuwa karuwanci ko batsa, kuma yardar da aka samu ta yaudara ko tilas ba ta wanke mai laifi. Jihar Kaduna tana da nata dokokin na 2018, ta kare yara da ta hana cin zarafin mutane. Akwai wani abu da ya kamata kowace yarinya ta riƙe: yarjejeniyar da aka ƙulla kan haramtaccen aiki kotu ba ta tilasta ta. Mai cewa "kin sa hannu, zan kai ki ƙara" ba zai je ba, domin takardar da yake kaɗawa shaida ce a kansa.

Binciken tayi ba ya cin kwana guda. A nemi cikakken sunan kamfani da lambar rajistarsa, a duba a shafin CAC, hukumar rajistar kamfanoni, kyauta ne. Rajista kaɗai ba ta isa ba, ɓarawo ma yana iya yi, don haka a nemi sunan furodusa da aikin da ya taɓa fitarwa, a tambayi 'yan MOPPAN ko wani tsohon ɗan wasa ko sun san shi. Kada a dogara da macen da dillalin ya ba da lambarta ya ce a kira ta don ta ba da shaida. An ga yadda aka yi a San Diyego. A nemi adireshin ofis a je da rana tare da babba. A karɓi yarjejeniya a tafi da ita gida, a kwana biyu da ita, wanda ya iya Turancin lauyoyi ya karanta, a duba musamman inda ta ce a ina za a nuna hoton, har tsawon wane lokaci, kuma ko za a iya sayar wa wani. Kamfanin atamfa na gaskiya ba zai ƙi ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Katin NIN da fasfo a nuna, kada a bari a hannun kowa. Kuɗin komawa gida kuma ya kasance a jikin mutum, ba a alƙawarin wani ba.

Idan kuwa an riga an faɗa, abu na farko kada a biya. Biyan farko yana tabbatar wa mai barazana cewa akwai na biyu. Kada kuma a goge hirar cikin firgici, kuskuren da aka fi yi ke nan. A ɗauki hoton allon kowane saƙo, lambar waya, sunan asusu, lambar asusun bankin da ya turo, da ranakun, a ajiye a wata wayar, sannan a toshe shi. Lambar banki ita ce zaren da masu bincike suka fi ja, saboda tana ɗaure da BVN. A kai wa NAPTIP ko sashen laifukan intanet na 'yan sanda. Idan an taɓa jikin mutum, a je asibiti kafin awa 72 ta cika, domin a cikin wannan lokacin ne maganin kariya daga ƙanjamau yake aiki. Cibiyar Salama da ke Asibitin Gwamna Awan a Kakuri an kafa ta ne don irin wannan.

Game da hoton kansa, akwai abin yi, ko da ba ya share komai. Shafin StopNCII, na 'yan shekara 18 zuwa sama, yana ciro wa hoton wata lamba ta musamman kamar zanen yatsa a cikin wayar mai shi, hoton bai bar wayar ba. Lambar ake aika wa kamfanonin da suka shiga tsarin, irin su Facebook da Instagram da TikTok, su tare shi idan wani ya yi yunƙurin ɗorawa. Wanda aka ɗauka yana ƙasa da 18 yana da makamancinsa mai suna Take It Down. Iyakarsu ita ce ba sa isa cikin saƙonnin WhatsApp na sirri, kuma wanda ya riga ya sauke a wayarsa yana nan da shi. Manyan shafukan batsa ma ana iya rubuta musu a nemi cirewa. Tun Disambar 2020, lokacin da kamfanonin katin biyan kuɗi na Visa da Mastercard suka janye daga ɗaya daga cikin manyan shafukan nan har ya goge miliyoyin bidiyon da ba a tantance masu ɗora su ba, sun fi saurin amsa ƙorafin da ya ce babu yardar mai hoton. A rubuta da adireshin kowane bidiyo ɗaya bayan ɗaya, a ajiye kwafin saƙon da ranar da aka aika, domin lauya ko jami'in NAPTIP zai tambaya.